Denounce da condemn: duk Allah wadai ne?

Zinariyar_Fagge:
Assalamu alaikum 'yan zaure. Tambaya gare ni ga malaman Turanci da masu aikin fassara. Wata uku ke nan da na fara koyon aiki a ɗakin labarai na wani gidan rediyo, ni ake ba labaran ƙetare in mayar da su Hausa. Kullum sai na ci karo da denounce da condemn, kuma duk wadda na gani a cikinsu Allah wadai nake rubutawa. Jiya editanmu ya sa jan biro ya soke min ɗaya, ya ce in je in bincika, ba kowace denounce ce Allah wadai ba. Bai ƙara komai ba don lokacin labarai ya matso. Na duba ƙamus a waya, sai na tarar ya fassara wannan da waccan, waccan da wannan. Mene ne bambancinsu? In ba Allah wadai ba, me zan rubuta?

Abban_Khairat:
Wa alaikumus salam. Ni dai a sanina duk ɗaya ne. Shekara ashirin ina jin labarai safe da yamma, wannan ƙasa ta yi Allah wadai, waccan ta yi tir, shi ke nan. Editan naku gwada ki yake yi.

Malam_Nahawu:
@Abban_Khairat, ba ɗaya ba ne, ko da yake sau da yawa a kwano ɗaya suke ci. 'Yata, fara da asalin kalmar. Denounce daga Latin ta taso, ta biyo ta tsohon Faransanci ta shigo Turanci. Saiwarta nuntius, wato manzo, mai kai labari. Daga saiwar nan announce ta fito, sanarwa ke nan, da pronounce, furtawa. Jakadan Fafaroma ma nuncio ake ce masa. Kin ga ke nan shela ce a jininta. Ba a yin ta a zuci, ba a yin ta da raɗa. Sai an fito bainar jama'a, an kama suna, an ce wane ya yi kaza kuma mugun aiki ne.

Condemn kuwa saiwarta hukunci ce. Alƙali in ya yanke wa mutum hukuncin kisa, wannan kalmar ake sawa. Hukuma in ta duba gini ta ce bai kamata ɗan Adam ya kwana a ciki ba, ita ce dai. To mai condemn kamar yana kan kujerar shari'a ne yana cewa wannan abu laifi ne. Mai denounce ya fi kama da mai shela a kasuwa ranar da ta ci, yana nuna mutum da yatsa don kowa ya gane shi.

Oga_Panteka:
Malam ka tuna min. Mu a gareji in inji ya buga har ba ya gyaruwa, cewa muke ya yi kwandem, sai dai a kira 'yan gwangwan su auna a kilo. Ashe tun muna yaran shago kalmar alƙalai muke faɗa.

Malam_Nahawu:
Ita ce kuwa, Oga. Kuma bakinku ya faɗe ta daidai, don harafin n na ƙarshe ba a furta shi. Sai an ce condemnation yake fitowa.

Sadik_Mai_Jiran_JAMB:
Ni matsalata daban. Renounce da denounce ne ke rikita ni. A gwajin da aka yi mana a lesin na zaɓi denounce a jimlar da mutum ya bar zama ɗan ƙasarsa, aka ce na faɗi.

Anti_Mai_Alli:
Sadik, riƙe wannan. Renounce abinka ne kake saki: sarautarka, takardar zama ɗan ƙasarka, wata aƙida da ka daɗe a kanta. Denounce na wani kake kamawa ka ɗaga sama. Sarkin Ingila Edward na takwas a 1936 ya ajiye sarauta don ya auri matar da yake so, Ba'amurkiya Wallis Simpson. He renounced the throne. Bai zagi gadon sarautar ba, sauka ya yi daga kai.

Sai ginin jimla, don nan ɗalibaina ke zubar da maki. Ana cewa they denounced him as a traitor, wato sun fito sun kira shi maci amana. Wannan as ɗin ita ke ɗauko sunan da aka laƙaba masa. Condemn ta fi tafiya da for, a faɗi laifin da ya yi. Kuma in za ka rubuta sunan aikin, denunciation ne, harafin o ya faɗi a hanya, kamar yadda ya faɗi a pronunciation. Shekara goma sha ɗaya ina makin takardun 'yan aji shida, ba na jin akwai zangon da ban zagaye wannan o ɗin da jan biro ba.

Sadik_Mai_Jiran_JAMB:
Na gode Anti. Na rubuta a bayan littafina.

Mushe_Damagaram:
Salamu alaikum. Ni malamin makaranta ne a nan Damagaram, Turancina kaɗan ne, amma kalmar nan muna da ita a Faransanci, dénoncer, kuma mu mutanen Nijar mun ji ta da kunnenmu a wani wuri da ba Allah wadai take nufi ba. Ran 16 ga Maris 2024 da dare, Kanar Amadou Abdramane, kakakin gwamnatin soja, ya fito a talabijin ta ƙasa ya karanta sanarwa a kan yarjejeniyar zaman sojojin Amurka a ƙasarmu. Kalmar da ya sa ita ce dénoncer, ya ce daga yanzu. Ina zaune gaban shagon maƙwabcina muna shan shayi, wani yaro da ya yi karatu kaɗan ya ce wa dattawa wai gwamnati ta soki yarjejeniyar. Na ce masa a'a, ba sukarta aka yi ba, soke ta aka yi. Wasali ɗaya ne tsakanin soki da soke, amma sojan Amurka da ke Agadez shi ya san bambancin, don kafin shekarar ta ƙare sun kwashe kayansu sun tafi. Haka aka yi da yarjejeniyoyin soja na Faransa ran 3 ga Agusta 2023, da wannan kalmar dai.

'Yar'uwa mai tambaya, duba jimlar da aka soke miki. In akwai yarjejeniya a ciki, to nan gizo ke saƙa.

Barista_Zazzau:
Mushe ya bugi inda ya dace. A dokar ƙasa da ƙasa, denunciation ita ce sanarwar da ƙasa ke bayarwa a hukumance cewa ta fita daga yarjejeniya. Babu zagi a ciki ko kaɗan, ana iya yin ta da wasiƙa mai ladabi ta hannun jakada. Yarjejeniyar Vienna ta 1969, wadda ta tsara yadda ake ƙulla yarjejeniyoyi da warware su, a sashe na 56 ta yi magana a kan wadda ba a rubuta hanyar fita a cikinta ba, har ta ce a ba da sanarwar wata goma sha biyu aƙalla. A nan ma'anar shela da Malam ya faɗa ce ta tsaya ita kaɗai, ba ta ɗauko suka ba.

Zinariyar_Fagge:
Innalillahi. Mushe wallahi ita ce. Labari ne a kan tsaro a Sahel, a ƙasa aka tuna baya aka ce Nijar denounced yarjejeniyar a Maris 2024, ni kuma na rubuta Nijar ta yi Allah wadai da yarjejeniyar. Da ya fita a haka, mai sauraro zai ɗauka har yanzu tana nan, ƙorafi kawai aka yi. Jikina ya yi sanyi.

Abban_Khairat:
To amma ai ba ki yi ƙarya ba. Ko ba su soki Amurkan ba a wannan daren? Ni na ji sun yi musu kaca-kaca.

Mushe_Damagaram:
@Abban_Khairat, sun yi, kuma abin da zai ba ka mamaki, da kalmar nan suka yi. A cikin sanarwa ɗaya ta zo da fuska biyu. Da ana maganar halin da shugabar tawagar Amurka ta nuna a Yamai, wanda gwamnati ta kira raini da barazana, nan tir take nufi. Da aka zo kan yarjejeniya, sokewa take nufi. Mai fassara dole ya dubi abin da ke bin kalmar: hali ne, mutum ne, ko takarda ce da aka sa wa hannu.

Tsohon_Tafinta:
Na yi shekara talatin a wannan aiki kafin in yi ritaya, bari in sa baki. Zinariya, kada ki tsorata, editan da ya soke ya ce ki bincika ya fi wanda zai gyara shiru ki ci gaba da kuskure. Amma ko a cikin sokewar akwai zaɓi. In tsakanin ƙasa biyu ne, ki ce ta soke ko ta warware, don in ɗaya ta saki igiya ta faɗi. In ƙasashe da yawa ne a ciki, ki ce ta fice ko ta janye, don yarjejeniyar na nan da ranta, ita ce dai ba ta ciki. Abin da nake roƙonki ki guje shi ne "ta yi watsi da". Yaran yanzu sun mayar da shi maganin kowace cuta. An ƙi tayi, an yi watsi. An musanta zargi, an yi watsi. An soke doka, an yi watsi. Mai sauraro a gona da rediyo rataye a reshe ba zai san wanne aka yi ba.

Ummu_Tarihi:
Allah ya gafarta @Malam_Nahawu, ina da ja a kan cewa ba a yin denounce da raɗa. Akwai ma'ana ta uku da ba a taɓo ba, kuma ita a ɓoye ake yin ta. In aka ce he was denounced to the police by his neighbour, maƙwabcinsa ne ya tsegunta wa hukuma. Littattafan tarihin Jamus na zamanin Hitler da na Tarayyar Sobiyat zamanin Stalin cike suke da wannan kalma, mutane na rubuta wasiƙa ba suna a kan abokin aiki ko mai gidan haya. A birnin Venice na Italiya har yau akwai fuskokin dutse a jikin bango masu buɗaɗɗen baki, waɗanda ake kira bakin zaki. A da ta nan ake jefa takardar ƙarar mutum a asirce ta faɗa akwatin mahukunta. Wannan ba shela ba ce. Mu a Hausa kai sara za mu ce, ko tsegumi.

Ita kuma ma'anar da Malam ya faɗa, babban misalinta jagoran Tarayyar Sobiyat Khrushchev ne a Fabrairun 1956, da ya tsaya gaban babban taron jam'iyyarsu ya zayyana ta'asar Stalin, shekara uku bayan mutuwarsa. Ko shi ɗin ma a zaman sirri ya yi jawabin, daga baya ya fita duniya. Da ni ce mai fassara ba zan ce ya yi Allah wadai ba. Fallasa shi ya yi, ya tona masa asiri a gaban mutanen da jiya suke yi masa tafi.

Malam_Nahawu:
Na karɓi gyara, Malama, na yi gaggawa. Sai dai ki lura manzon nan na saiwa bai ɓace ba. Mai jefa takarda a bakin zaki ma labari ya kai. Abin da ya haɗa ukun shi ne dole a sami wanda aka sanar: jama'a, ko hukuma, ko ƙasar da aka ƙulla da ita. Mutum na iya condemn ɗin abu a ransa ya yi shiru har ya mutu. Denounce sai da kunne na biyu.

Ɗalibin_Zaure:
Tunda ana maganar kalmomi, ina da nasiha ga 'yan jarida. Ina yawan jin an ce wane ya la'anci hari, ko ƙungiya kaza ta la'anci wane. La'ana a asalinta nisantarwa ce daga rahamar Allah, ba ƙaramar magana ba ce, kuma ya zo a hadisi cewa mumini ba mai yawan suka ba ne, ba mai yawan la'anta ba ne. Kakakin wata ma'aikatar waje a Turai bai la'anci kowa ba, ƙin abin ya nuna. Larabawa da kansu ba sa sa la'ana a nan, suna da tandid da idana da istinkari. Me ya sa mu za mu ɗora wa mutum tsinuwar da bai yi ba?

Gimbiyar_Katsina:
Malam, ai Allah wadai ɗin ma addu'a ce in ka bi ta. Ba ka ji an ce Allah wadaran naka ya lalace, in ji raƙumin dawa da ya ga na gida? Yau da gobe ne ya sa ta yi laushi a bakin rediyo. Ni a kunnena tir ta fi tsabta, ba ta shigo da sunan Allah cikin maganar wanda wataƙila ma bai yarda da Shi ba.

Tsohon_Tafinta:
Gimbiya, muna sa tir, amma gajeriya ce, ba ta cika baki kamar Allah wadai. Ga yadda ni nake jin nauyinsu: nuna takaici a ƙasa, sai suka, sai tir, sai Allah wadai, sai kakkausar suka ko caccaka in an haɗa da zafin baki. Kuma wannan tsani ba wasa ba ne, a Majalisar Ɗinkin Duniya kwana ake yi ana ja a kan mataki ɗaya. Ƙudurin da babban zauren ya zartar ran 2 ga Maris 2022 a kan shigar Rasha Yukren, wanda ƙasa 141 suka goyi baya, 5 suka ƙi, 35 suka ƙaurace, da aka zo kan ita mamayar deplores aka rubuta, wato nuna matuƙar takaici. Jakadu sun san abin da suka zaɓa. In mai fassara ya mayar da komai Allah wadai, ya rushe musu tsanin, ya kuma hana mai sauraro sanin wa ya fito da gaske, wa ya tsaya a bakin ƙofa.

Ɗan_Gidan_Gona:
Ku yi haƙuri zan fita daga darasi kaɗan. Ni wannan kalma ta Allah wadai ba na son jin ta yanzu. Shekara biyu da suka wuce 'yan bindiga suka shiga ƙauyenmu da asuba. Ƙanin mahaifina na cikin waɗanda muka binne, da hannuna na auna masa likkafani. Da yamma muna zaune a tabarmar makoki, rediyon wani dattijo na kunne, sai muka ji an yi Allah wadai da harin da kakkausar murya. Ba wanda ya ɗaga kai. Matar marigayin ta tambaye ni daga bayan zana ko an ce za a turo jami'ai, na ce ba a faɗa ba. Abin da na lura, kullum harin ake yi wa Allah wadai. Hari ba shi da gida, ba shi da suna. Mu kuwa mun san sunayen jagororin dajin, yara ma sun sani. In na fahimci Malam daidai, abin da muke jira shi ne wannan denounce ɗin, a kama suna a gaban duniya, da masu kai musu mai da abinci. Ba mu samu ba.

Anti_Mai_Alli:
Allah ya jiƙansa, ya ba ku haƙuri. Ka fahimta daidai, ɗan'uwa. A Turanci ma an fi jin condemn tare da attack. Ita denounce ta fi son a sa mata mutum ko ƙungiya a gaba, ko da yake ana haɗa ta da aiki ma.

Barista_Zazzau:
Allah ya gafarta masa. Sai dai in ƙara da cewa kama suna a bainar jama'a wuƙa ce mai kaifi biyu. Na tsaya wa wani bawan Allah da aka yaɗa hotonsa a Facebook aka ce mai kai wa ɓarayi bayani ne. Kotu ta sallame shi, amma har yau bai iya komawa kasuwar garinsu ba. Bakin zakin da Ummu_Tarihi ta faɗa yanzu yana aljihun kowa.

Ɗan_Gidan_Gona:
Barista, ban ce a kama sunan wanda ake zato ba. Waɗanda nake nufi da bakinsu suke faɗin sunansu a faifan bidiyo.

Mai_Kula_Da_Zaure:
Allah ya jiƙan waɗanda suka rasu. 'Yan'uwa, a ci gaba amma kada a kawo sunan kowa a nan, kuma a tuna tambayar Zinariya.

Bature_Na_Kano:
Bari in dawo da mu da wani misali. A muhawarar da Barack Obama da Hillary Clinton suka yi a Cleveland a Fabrairun 2008, an tambayi Obama a kan goyon bayan da Louis Farrakhan, jagoran ƙungiyar Nation of Islam ta Amurka, ya nuna masa. Ya ce ai ya riga ya yi denounce ɗin kalaman mutumin a kan Yahudawa. Clinton ta ce bai isa ba, sai ya yi reject, wato ya ƙi karɓar goyon bayan. Obama ya ce shi bai ga bambanci ba, amma in tana ganin reject ta fi ƙarfi, to ya yi duka biyun. Ga masu harshen da kansu suna ja a gaban talabijin. A irin wannan wuri, inda ake matsa wa mutum ya yi magana a kan wanda ake dangantawa da shi, ni barranta nake ji a ciki, ko nesanta kai.

Ɗalibin_Zaure:
Barranta daban take. Kana iya barranta da mutum ba ka ce aikinsa mugu ne ba, ka ce dai ba ruwanka. Ita reject ce ta fi kusa da ita. Shi ya sa matar ta nemi ya haɗa.

Bature_Na_Kano:
To ai ka goyi bayan Clinton ke nan, Malam. Ni har yanzu ina ganin wanda ya fito ya ce maganar wane ɓata ce ya riga ya raba gari da shi.

Zinariyar_Fagge:
Na gode ƙwarai, iyayena da yayyena. Yau da safe na kai wa edita takarda na rubuta masa uku: tir in hali ne ko mutum, sokewa ko ficewa in yarjejeniya ce, tseguntawa in an kai wa hukuma. Ya karanta ya gyaɗa kai, sai ya ce a ta farkon shi ya fi son "ya fito fili ya soki", don fitowa filin ita ce rabin kalmar. Baba @Tsohon_Tafinta, ya kake gani?

Tsohon_Tafinta:
A cikin labari na yarda da shi. A kanu kuwa kalma biyar ce inda tir za ta yi da uku, kuma mai karanta labarai numfashi gare shi. Ki tambaye shi in limami ne ya yi a kan mumbari ranar Juma'a, shi ma sai an ce ya fito fili?

Abban_Khairat:
Na yarda da ta yarjejeniya, wannan na ƙaru. Amma a sauran, in Majalisa ta yi condemn ko ta yi denounce, ni da ke sauraro a shago ban ga abin da ya canza ba.

Mushe_Damagaram:
Zinariya, in wani labarin Nijar ko Mali ko Burkina ya sake zuwa miki da kalmar, turo min jimlar tukuna. Yawancinsu daga Faransanci aka juya su zuwa Turanci kafin su iso teburinki, zan duba miki ta asalin.